Yaya za a rage kuskuren ba da magani a asibitin da ba shi da wadatar ma'aikata?

Shugabar Ɗakin Haihuwa ta rubuta:

Assalamu alaikum. Ina neman shawarar waɗanda suka fi ni sanin wannan fanni, musamman masu harhaɗa magunguna da likitoci da manyanmu da suka daɗe a aikin jinya. Ni ce ke kula da ma'aikatan jinya da ungozomomi a ɗakin haihuwa na wani asibitin gwamnati da ke hedikwatar ƙaramar hukuma, inda sau da yawa da dare ungozoma ɗaya ce take riƙe da ɗakin naƙuda da ɗakin masu jego baki ɗaya, likita kuma sai an kira shi a waya.

Kwanakin baya an kwantar da wata mai jijjigar haihuwa, ana yi mata allurar magnesium sulphate, giram 5 a ɗuwawu duk bayan awa huɗu, kamar yadda tsarin ba da wannan maganin da ake kira Pritchard ya tanada. Ungozomar dare ta yi mata allurar da asuba, amma kafin ta sa hannu a takardar magani aka kira ta saboda an kawo wata tana kan gwiwa, daga nan kuma ta shiga hidimar jariri har lokacin tashinta ya yi ba ta koma kan takardar ba. Wadda ta karɓi aiki da safe ta ga gurbin babu sa hannu, ta ɗauka an tsallake allurar ne, har ta zuƙi maganin a sirinji. Yayar maras lafiyar da ke jinyarta ce ta ce mata ai an yi allurar bayan kiran salla. Da ba ta yi magana ba, da matar ta sami giram 10 cikin ƙasa da awa uku, alhali fitsarinta ma bai gama daidaita ba.

Hukumar asibiti ta ce a ba ungozomar dare takardar tuhuma. Ni kuwa zuciyata ba ta kwanta da haka ba, domin na san tana cikin mafi natsuwa a cikin ma'aikatana, kuma na san idan aka bar tsarin aikin yadda yake, gobe wata ce za ta faɗa wannan ramin. Tambayata biyu ce. Wace dabara ce take aiki da gaske a asibitin da babu kwamfuta, babu mai harhaɗa magunguna da dare, kuma ma'aikata ba su isa ba? Sannan shin hukunta ma'aikaci yana rage irin wannan kuskure ko kuwa ƙara ɓoye shi yake yi?

Mai Harhaɗa Magunguna ya amsa:

Wa alaikumus salam, Hajiya. Tambayarki ta biyu zan bar wa iyayenmu ma'aikatan jinya, ni zan tsaya a kan kabad ɗin magani da takardar likita, domin a ganina a nan ne ake iya samun gyara mai yawa ba tare da an kashe ko kwabo ba.

Ki ɗauki rana guda ki zazzage duk abin da ke cikin kabad da tiren gaggawa a kan tebur, ki jera kwalaben allura kusa da juna, ki dube su daga nesa kaɗan, a irin hasken da ungozomarki take aiki da shi idan an ɗauke wuta. Za ki ga yadda ƙananan kwalabe masu ruwa fari suke kama da juna. Mafi haɗari a cikinsu shi ne potassium chloride mai kauri, wanda kwalbarsa kan yi kama da ta ruwan haɗa allura, kuma idan aka tura shi a jijiya kai tsaye ba tare da an tsarma shi a ƙarin ruwa ba yana iya tsayar da zuciya nan take. A Ingila tun 2002 aka ba da umarnin a janye shi daga ɗakunan marasa lafiya na gama-gari, ya zauna a ɗakin magani da 'yan wuraren da ba makawa sai da shi. Ɗakin haihuwa ba ya buƙatar ajiye shi, don haka ki mayar da shi wurinmu, duk mai so ya aiko da takarda.

Na biyu ya shafe ku kai tsaye. A watan Maris na 2022 Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar da gargaɗi a kan tranexamic acid, maganin da ake ba mace idan jini ya ɓalle bayan haihuwa, saboda an sha ɗaukarsa a maimakon bupivacaine, wato maganin kashe zafi da ake yi wa mace allurarsa a baya kafin tiyata. Kwalaben biyu kan zo da girma ɗaya, kuma dukansu ana buƙatarsu a tiyatar ciro jariri, shi ya sa suke haɗuwa a tire ɗaya. Tranexamic acid idan ya shiga ruwan laka yana kawo farfaɗiya da rikicewar bugun zuciya, kuma da yawa daga waɗanda abin ya same su ba su tashi ba. A raba musu wurin ajiya kwata-kwata, a liƙa wa na tsayar da jinin jan tambari, kuma mai yin allurar baya ya karanta sunan maganin da bakinsa a ji kafin ya fasa kwalba.

Shi kansa magnesium sulphate akwai tarko a lissafinsa wanda ya fi na sa hannu yawan kama mutane. Yana zuwa da ƙarfin kashi 50 cikin ɗari, wato giram 1 a cikin mililita 2, amma wanda ake turawa a jijiya a matakin farko giram 4 ne mai ƙarfin kashi 20, ma'ana a zuƙi mililita 8 a ƙara masa mililita 12 na ruwan haɗa allura, a tura a hankali. Bai kamata a bar mace ta yi wannan lissafi da ka ba a lokacin da maras lafiya ke jijjiga a gabanta dangi suna salati. Ki rubuta shi da manyan baƙaƙe a liƙa a murfin akwatin da maganin ke ciki, tare da abubuwa ukun da ake dubawa kafin kowace allura: numfashi bai gaza 16 a minti ba, gwiwa tana zabura idan an ƙwanƙwasa ta, fitsari kuma ya kai mililita 30 a awa. A cikin akwatin nan dole calcium gluconate ya kasance, giram 1, domin shi ne makarinsa idan ya yi yawa. Na sha shiga ɗakin haihuwa na tarar da magnesium cike da kabad amma babu makarin ko kwalba ɗaya, ko kuma akwai shi amma wa'adinsa ya wuce.

Batun rubutu kuwa, sai an yi haƙuri da likitoci an kuma dage musu. Gajarta sunan magnesium sulphate da MgSO4 ya sha sa an karanta shi a matsayin MSO4, wanda wasu ke nufin morphine da shi. Harafin U da ake sa wa insulin, allurar ciwon suga, don nuna adadin awonsa yana komawa sifili a rubutun gaggawa, 6U ya zama 60. Wanda ya rubuta 1.0 ɗigon bai fito ba, an ba da 10, wanda kuma ya rubuta .5 babu sifili a gaba, an ba da 5. Ƙa'idar ita ce a rubuta sunan magani cikakke da manyan baƙaƙe, kuma ma'aikaciyar jinya tana da haƙƙin ta ƙi ba da abin da ba ta iya karantawa ba har sai an fayyace mata, ba tare da a ce ta yi rashin kunya ba.

Likitan Yara ya amsa:

Na yarda da abin da ɗan'uwana ya faɗa game da rubutunmu, ba zan kare mu ba. Abin da zan ƙara, Sista, shi ne ɓangaren jarirai, tunda ɗakinki ba uwaye kaɗai yake riƙewa ba, kuma jiki mai kilo 3 ba ya ɗaukar kuskuren da babba zai sha ya tashi.

A wurin yara kusan kowane magani da nauyi ake auna shi, saboda haka sikeli mai aiki yana gaba da komai, kuma a rubuta nauyin a saman takardar magani da kwanan watan da aka auna. Ƙiyasin ido yana yaudara, musamman a wurin yaron da tamowa ta kama ko wanda ya kumbura. Ga misalin da nake ba ɗalibai. Jariri mai kilo 3 da za a ba gentamicin, maganin kashe ƙwayoyin cuta, a kan miligiram 5 kowane kilo yana buƙatar miligiram 15. Idan kwalbar yara ce mai miligiram 20 a mililita 2, za a zuƙi mililita 1.5. Idan kuma ranar ta manya ce aka kawo, mai miligiram 80 a mililita 2, hannun da ya saba zuƙar 1.5 zai ba shi miligiram 60, ninki huɗu ke nan, ga magani mai taɓa ƙoda da ji. Ba wanda ya yi ganganci a nan. Kamfanin da aka saya daga wurinsa ne ya canza, ba a sanar da kowa ba. Don haka ina roƙon ma'aikatan ɗakin magani, duk ranar da ƙarfin magani ko kamannin kwalbarsa ya canza, su sanar da ɗakuna a rubuce.

Haka allurar artesunate ta zazzaɓin cizon sauro mai tsanani. Yaron da bai kai kilo 20 ba ana ba shi miligiram 3 kowane kilo, wanda ya kai ko ya wuce kuma 2.4. Kwalba mai miligiram 60 ana narkar da ita da mililita 1 na sodium bicarbonate, sannan a ƙara mililita 5 na ruwan gishiri idan ta jijiya ce, ko mililita 2 idan ta tsoka ce. Haɗin farko yana ba da miligiram 10 a kowane mililita, na biyu 20. Idan wani ya haɗa don tsoka, wani dabam ya zo ya zuƙa da lissafin jijiya, yaro ya sha ninki biyu. Wannan ne dalilin da ya sa nake tsayawa kai da fata a kan cewa wanda ya haɗa allura shi zai yi ta, kuma duk sirinjin da aka ajiye babu suna a jikinsa, a zubar, komai tsadar abin da ke ciki.

Akwai kuma darasin chlorhexidine na wanke cibiya. Da aka fara raba shi a ƙaramar kwalba mai ɗigo, iyaye da ma wasu ma'aikata sun ɗauke shi maganin ido, aka ɗiga wa jarirai, wasu suka rasa ganinsu. Abin ya faru a ƙasashen Afirka da dama har da Najeriya, har Hukumar Lafiya ta Duniya ta yi gargaɗi a 2019. Maganin mai kyau ne, siffar kwalbar ce ta yi ɓarnar. Idan za ki ba mai jego shi, ki shafa a cibiyar a gabanta, ki sa ta maimaita da hannunta, ki kuma faɗa wa kakar jaririn, domin sau da yawa ita ce mai wanka.

Game da umarnin waya, tunda kin ce da dare a waya ake samun likita: ungozoma ta rubuta abin da aka faɗa a lokacin, ta karanta wa likitan sunan magani da adadi da hanyar ba da shi, ta faɗi lambobin ɗaya bayan ɗaya, shi kuma ya tabbatar, da safe ya zo ya sa hannu. Sha biyar da hamsin a Turanci suna kama da juna ƙwarai a layin da ke yankewa. A ƙarshe, ina ba da shawarar mutum biyu su duba kowane magani mai haɗari kafin a ba da shi.

Tsohuwar Ma'aikaciyar Jinya ta amsa:

'Yata, Allah ya yi miki albarka da kika tsaya kika yi tunani kafin ki miƙa takardar nan. Zan fara da inda na saɓa da Likita, tare da girmamawa. Duba na mutum biyu abu ne mai kyau a inda mutum biyun suke, amma ke kin ce da dare mace ɗaya ce. Idan kika kafa dokar da ba za a iya bi ba, abin da za ki samu shi ne sa hannu biyu a takarda wanda aka cike da safe, kuma daga nan takardar ta daina faɗin gaskiya. Ko da rana ma, idan aka ce a duba komai sau biyu, ta biyun takan leƙa ne kawai ta gyaɗa kai, saboda ta amince da ta farko. Ki taƙaita shi ga magunguna ƙalilan, irin su magnesium da insulin da morphine da ƙarin jini da alluran jarirai, kuma ta biyun ta yi nata lissafin ba tare da an faɗa mata amsar ta farko ba. Da dare a nemi ma'aikaciyar ɗakin da ke kusa, ko a karanta wa likita lissafin a waya.

Abin da ya faru a ɗakinki kuwa, wuri biyu ne suka yoye. Na farko, takardar magani tana kan tebur nesa da gado, don haka sa hannu ya zama aiki na dabam da ake komawa a yi. Ki sa takardar masu magnesium ta rataya a ƙafar gadonsu da biro ɗaure, a rubuta lokacin allura kafin a bar wurin, a kuma rubuta lokacin ta gaba. Na biyu, an miƙa aiki ba a gaban maras lafiya ba. A zamaninmu ba ka tashi sai ka zaga da mai karɓarka gado bayan gado, kuna riƙe da takarda, kuna faɗin abin da aka ba kowa da abin da ya rage. Da an yi haka da gurbin nan ya fito fili tun ta dare ba ta cire kayan aiki ba. Sannan ki koya wa 'ya'yanki cewa gurbin da babu sa hannu ba ya nufin ba a ba da magani ba. Yana nufin ba a sani ba, kuma wanda bai sani ba tambaya yake yi kafin ya fasa kwalba.

Yanzu ga batun hukunci. A ƙarshen 2017 a birnin Nashville na Amurka, wata ma'aikaciyar jinya ta je ɗauko Versed, maganin kwantar da hankali, daga kabad mai kwamfuta, ta buga haruffa biyu na farkon sunan, ta ɗauko vecuronium, wanda yake shanye tsokoki har da na numfashi, maras lafiyar ta rasu. Ita da kanta ta bayyana abin da ya faru. A 2022 kotu ta same ta da laifi, aka yanke mata shekara uku na zaman sa ido. Ƙungiyoyin ma'aikatan jinya a can sun yi ta jan hankali cewa wannan zai sa mutane su riƙa rufe bakinsu. Na kawo wannan ne don ki ga abu biyu: kwamfutar da kike ganin ba ku da ita ba ta hana kuskuren ba, kuma tsoro yana hana shugaba jin labarin da ya fi buƙata. Idan kika tuhumi ungozomar nan a kan kuskuren da bai ma kai ga maras lafiya ba, wanda zai faru nan gaba ba za ki ji shi ba sai ya yi ɓarna.

Ba ina cewa babu wanda ya cancanci hukunci ba. Wadda ta sa hannu a kan allurar da ba ta yi ba, ko ta kwanta barci ta bar magani, ko ta ɓoye kuskure har maras lafiya ya cutu, wannan ta ci amana kuma dole ta fuskanci hukuma. Ma'aunin da nake amfani da shi shi ne in tambayi kaina: da wata ma'aikaciya mai irin iliminta ce a wannan daren, ita kaɗai, ga mai naƙuda a bakin ƙofa, za ta iya yin abin da ta yi? Idan amsar eh ce, to tsarin za a gyara. Ki buɗe littafi na musamman da ake rubuta kurakuran da aka tare kafin su auku, ba tare da sunan kowa ba, ku zauna a kansa sau ɗaya a wata, kuma kowane zama ya fitar da gyara ɗaya da ido zai gani, domin idan ma'aikata suka ga ana rubutawa ba a canza komai, za su daina.

Shugabar Ɗakin Haihuwa ta sake rubutawa:

Na gode ƙwarai, Mama, na gode Likita da Malam. Zan kai wa shugaban asibiti waɗannan shawarwari a rubuce. Akwai abu ɗaya da ban ambata ba: yawancin magungunanmu dangin marasa lafiya ne suke sayowa daga kyamis na waje, saboda ɗakin maganinmu yakan yanke, kuma matan da ake turo mana daga ƙananan asibitocin ƙauye sau da yawa takardarsu ba ta faɗin abin da aka riga aka yi musu. Yaya ake yi da wannan?

Mai Harhaɗa Magunguna ya sake amsawa:

Hajiya, kin taɓo wurin da Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa a cikin manyan abubuwa uku da ta fi mayar da hankali a kai lokacin da ta ƙaddamar da shirinta na kare marasa lafiya daga cutarwar magani a 2017, wato lokacin da maras lafiya ke sauya hannu daga wani wuri zuwa wani; sauran biyun su ne magunguna masu haɗari da shan magunguna barkatai a lokaci guda.

Duk ledar da aka sayo daga waje, a buɗe ta a gaban mai jinya a gwada da takardar likita: suna, ƙarfi, wa'adi da lambar rajistar NAFDAC, hukumar kula da ingancin abinci da magunguna ta Najeriya. Mai kyamis yakan ba da wani abu a madadin wanda babu, da kyakkyawar niyya, ya ce ai duk ɗaya ne. Oxytocin kuwa, allurar da ke sa mahaifa ta tsuke, sanyin firiji yake so, tsakanin digiri 2 zuwa 8, don haka wanda ya yini a kan kanta cikin zafin bazara ana iya yin allurarsa mahaifa ta ƙi tsukewa, a ɗauka laifin ungozoma ne. Shi da magnesium da calcium gluconate ku yi ƙoƙari asibiti ya riƙa ajiye nasa, ko da komai zai yanke. A rubuta sunan maras lafiya cikakke da lambar katinta a kan ledarta, domin a ɗaki ɗaya ana iya samun mata uku masu suna ɗaya, lambar gado kuma tana canzawa.

Matan da ake turowa kuwa, ku buga 'yar gajeriyar takarda ku raba wa asibitocin da ke turo muku, mai gurbin sunan magani da adadi da ƙarfe nawa aka yi. Kafin ta karɓu, ungozoma ta tambayi wanda ya rako matar a fili: an yi mata allura a can, guda nawa, a hannu ko a ɗuwawu, kafin wace salla? Allura biyu a ɗuwawu ga mai jijjiga alama ce mai ƙarfi cewa an riga an yi matakin farko na magnesium, sai a kira asibitin a tabbatar kafin a maimaita. Idan kuma wani magani ya yi illa ko kuna zargin ingancinsa, ku cike takardar rahoton NAFDAC mai launin rawaya, ku ajiye kwalbar da kwalinta saboda lambar rukunin da ke jiki.